Ranar da Kaka Ta Gwada Ilimin Malam

Shekarar da ruwa ya cinye gonakin shinkafa na wajen Guri, dangin maigidana suka kwaso 'yan komatsansu suka sauka a gidanmu na Haɗejiya. Ɗaki biyu ne da ɗan tsakar gida. Kafin mu ankara, duk inda ka sa ƙafa sai ka taka wani. Buhun busasshen kifi a bayan ƙofa, akuya ɗaure a jikin turmi, yara kuwa kamar an zazzage su daga kwando. Cikin baƙin har da kakarsa ta wajen uba, tsohuwa mai jiki ga baki, wadda ba ta kiransa da komai sai "angona".

Maigidana malamin kimiyya ne a makarantar sakandare. A lokacin ya kamu da kallon bidiyo a waya kan wani fanni da yake kira kwantam. Wata Asabar da hantsi na same shi a kujerarsa ta roba, wadda ko ni ba na zama a kai, na ce, "Malam, wallahi ko wurin ajiye tukunya na rasa. Yaya za mu yi?"

Ya gyara zama. "Matsalarki rashin sanin kwantam ne. Ni da ke da turmin nan, ƙananan ƙwayoyi ne suka haɗu suka yi mu, kuma tsakanin ƙwaya da ƙwaya fili ne fetal. Da za a daidaita su, sai mutum ya shige cikin mutum, kamar yadda ruwa ke shiga rairayi. Mutum goma su kwana a tabarma ɗaya, ba mai takura wa wani."

Na san ya yi ƙari, don in zai yi ƙari sai ya riƙa sosa gemu, ga shi kuwa yana ta sosawa. Amma Kaka, da ke gindin rumfa tana gyaran kifi, ta kasa kunne.

"Angona, me ka ce? Mutum ya shiga cikin mutum?"

"Haka ilimi ya nuna, amarya."

"To ai aljanu sun daɗe suna yi. Ashe kun kamo su. An gwada?"

"Ana nan ana bincike," in ji shi. "Sharaɗin dai kada kowa ya kalla. Da an kalla, abin ya lalace."

Kaka ta goge hannu a zane, ta miƙe. "Kowa ya rufe ido."

Yara suka rufe. Ni ma na rufe, a zatona addu'a za ta yi mana. Shi kansa Malam ya rufe, yana murmushi. Sai na ji ƙara, ƙarass, na ji murya ta ce, "Wayyo Allah, Kaka, ƙuguna!"

Da na buɗe ido, ga Malam a ƙasa, ga Kaka zaune daram a kansa, ƙafafun kujera sun baje kamar na kwaɗo. Akuya ta tsinke igiya ta yi zaure.

"Wa ya kalla?" in ji Kaka, ko motsi ba ta yi ba. "Saura kaɗan in shige. Na ji gwiwarsa ta fara nutsewa."

'Yar autata ta ɗaga hannu. "Ni ce. Ta tsakanin yatsu."

Malam yana nishi ya dube ni ya ce, "Kin gani ko? Ita ta ɓata gwajin."

Ranar na yi dariya har tuwo ya kama. Shi kuma ya kwana biyu yana ɗingishi, a makaranta ya ce santsi ne ya kwashe shi.

Kaka ba ta bar zancen a gida ba. Ta kai shi gidan suna, ta kai shi wajen masu kifi, kullum yana ƙara kumbura. Kafin ruwa ya janye su koma, gari ya ɗauka Malam yana da asirin cusa mutane da yawa a wuri ɗaya.

Wata rana da la'asar aka yi sallama. Wani direba ne mai jigila tsakanin Haɗejiya da Guri, riƙe da kankana. Ina daga ciki na ji shi yana cewa, "Malam, laƙanin nan na zo a taimaka mini da shi. Ran kasuwa ina barin fasinja a tsaye, mota ta cika."

Malam ya rantse masa hira ce kawai, babu wani laƙani, ilimin ma ba haka ya ce ba. Direba ya yi dariya. "Na sani, ba a bayarwa a zuwan farko."

Ya dawo da kifi, ya sake dawowa da zabo. A ƙarshe ya fusata, ya ce bai taɓa ganin rowa irin ta 'yan boko ba, a ba mutum ilimi ya hana jama'a amfana.

Har yau in ya ga Malam a bakin titi sai ya danna ham ya wuce, ko da motar ba kowa. Ni kuwa yana tsaya mini, ya ba ni gidan gaba ni kaɗai. In mun ɗan yi nisa sai ya rage murya ya ce, "Hajiya, don Allah, ke ba ki taɓa ganin inda yake ajiyewa ba?"