Kawu Lawali da Rigimarsa da Iskandar

"Yaron nan bai kyauta ba."

Duk wanda ya taɓa zama a falon Kawu Lawali na Villeurbanne, nan gefen Lyon, ko da sau ɗaya ne, na san yanzu murmushi yake yi. Da wannan magana yake buɗe hira, da ita yake rufewa. Zai kurɓi shayi, ya ajiye kofi, ya girgiza kai, sai ka ji ta fito. Ranar da na fara jin ta, sabuwar zuwata ce daga Maradi don karatu, ko jakata ban buɗe ba. Na zaci wani ɗan maƙwabta ne ya yi masa ɓarna.

Na ce, "Kawu, wane yaro?"

Ya ce, "Iskandar mana. Ɗan Filib."

"A wannan benen suke?"

Ya leƙo ni ta saman tabarau, ya daɗe yana kallona da tausayi. "Balkisa, me suka koya muku a lakkwal? Ya fi shekara dubu biyu da mutuwa!"

To, kun ji yadda na san abokin gaban Kawu. Shi Kawu wan mahaifiyata ne. Ya zo Lyon yana saurayi, ya ƙare rayuwarsa yana aiki a ɗakin gwaje-gwaje na jami'a, mutum mai sanyin hali wanda ko da mai ba da tikiti bai taɓa yin sa-in-sa ba. Amma a ambaci Iskandar, sarkin Makidoniya, wanda ya taso daga ƙasar Girka ya ci Farisa, ya ci Masar, ya dangana har Indiya, sai ka ga jijiyar wuyansa ta tashi. Duniya duka ta yarda ta kira shi Mai Girma. Kawu bai taɓa wuce "yaron nan" ba.

Kuma duk laifin Mushe Yorgo ne, wato Malam Yorgo a bakin Faransawa. Kun san shi, tsohon Bagirken nan mai shagon zaitun da cuku a unguwar Guillotière. Kawu ya ba ni labari cewa farkon zuwansa ya shiga shagon neman barkono, ya ga hoton wani matashi mai gashi buzu-buzu a kan doki, sai ya yi tambayar ladabi: "Ɗanka ne?" Tabɗi! Yorgo ya tsare shi a bakin kanta ya yi masa karatun tarihi har ƙafafunsa suka yi tsami, barkonon ma bai samu ba. Kawu ya fita. Ya tafi laburare, ya karanta duk abin da hannunsa ya kai, sannan ya dawo da tuhuma. Tun daga nan, kowace Asabar ta Allah, sai ya hau metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, ya je an yi shari'a.

Na sha raka shi. Yorgo zai ɗaga cokalin zaitun sama, ya ce, "Bai cika shekara talatin ba ya mallaki duniya!"

Kawu ya ce, "Ya tambayi masu ita?"

"Ya gina birane!"

"Ya gina, ya sa wa kowanne sunansa. Iskandariyya nan, Iskandariyya can, Iskandariyya gaba. Kai ba ka tausayin ɗan aike? Har dokinsa sai da ya samu gari guda. Malamin da ya koya masa karatu ko lungu ba a kira da sunansa ba."

Sai Yorgo ya yi ja wur, ya juya harshe zuwa Girkanci, Kawu kuma ya juya zuwa Hausar Maradi, kowa yana zuba, ba mai jin wani. In sun gaji, Yorgo ya ƙulla masa zaitun, ya ƙara masa cokali guda na kyauta yana gunaguni. A kan hanya Kawu zai ce min, "Mutumin kirki ne, ɗiyata. Mugun aboki kawai ya yi."

Ku da kuka yi azumi a gidansa, ba sai na tuna muku da maganar igiya ba. Amma dole in faɗa, don ranar Sani wana yana nan, ya zo daga Paris. Wani ɗalibi ya iso daga gida da saƙon Inna, wato mahaifiyarmu: ƙulli guda, an naɗe shi da leda, an ɗaure da igiya ta ko'ina. Tun daga bakin ƙofa muke jin ƙamshin kilishi. An sha ruwa, an yi magariba, kowa ya zuba wa ƙullin ido. Sani ya miƙe ya ɗauko almakashi.

"Ajiye!" in ji Kawu, kamar an ɗauko bindiga. "Haka yaron nan ya yi!"

Muka ce shi ke nan, mun shiga. Ya ɗora ƙullin a cinya, ya fara ba mu labarin wani gari da Iskandar ya tarar da keken shanu ɗaure da ƙullin igiya, wanda aka ce duk mai kwance shi zai mallaki Asiya. "Mutane sun yi shekaru suna gwadawa cikin haƙuri. Shi da ya zo, sai ya zare takobi, ƙat! Kuma wai ana tafa masa. Haba! Wannan ragwanci ne da asarar igiya. Wanda ya ɗaura ta ba wahala ya sha ba?"

Yana magana yana tsintar ƙullin da farce. Miya ta huce, kunu ya yi fata. Sani ya kwanta a kan kujera yana kallon rufi yana salati. Can dai, bayan an fid da rai, igiya ta saki. Kawu ya naɗe ta a yatsu, ya sa a aljihun teburin nan nasa da ke cike da igiyoyin shekara da shekaru, sannan ya buɗe ledar.

Wallahi wani ƙullin ne a ciki, ɗaure tamau, ya fi na farko.

Kawu ya washe baki. "Alhamdu lillahi! Ƙanwata ba ta manta tarbiyyar gidanmu ba."

Sani ya ce, daga inda yake kwance, "Kawu, ka yi haƙuri, ni dai daga yau ina bayan Iskandar."

Mun ɗauka wasa ne. Ashe da gaske yake! Da Allah ya ba shi ɗa namiji a La Courneuve, can gefen Paris, sai ya buga waya ya ce min, "Ki shaida wa Kawu, sunan yaro Iskandar." Na ce ba da bakina ba. Da labari ya kai masa, sai Kawu ya miƙe. Ya goge babbar rigarsa fara, wadda yake ajiye wa Sallah. Mutumin da bai taɓa yarda da jirgin ƙasa mai gudu ba, wai gaggawa halin yaron nan ce, ranar shi ya ce min, "Nemo mana tikitin wanda ya fi sauri."

Muka isa da hantsi, gida cike da jama'a, mata suna ta kai da kawo da tukwane. Kawu ya yi gaisuwa cikakkiya, ya tambayi mai jego, ya tambayi maƙwabta, sannan ya ja Sani gefe.

"Sunayen annabawa sun ƙare ne? Na sahabbai fa?"

Sani ya sunkuyar da kai kamar na Allah. "Kawu, ai don Zulƙarnaini muka sa. Wasu malamai sun ce shi ne."

"Wasu malaman kuma sun ce ba shi ba ne, kuma su nake bi! Wancan bawan Allah ne mai adalci. Wannan ɗan gidan sarauta ne da aka sangarta. In Zulƙarnaini kuke so, ku sa masa Zulƙarnaini."

Sai Hasana, matar Sani, ta amso daga cikin ɗaki, murya ƙasa-ƙasa: "Kawu, ka tausaya masa. Wace malama Baturiya ce za ta iya kiran Zulƙarnaini a lakkwal?"

Aikin gama ya riga ya gama, liman ya raɗa suna tun da safe. Aka kawo jinjirin aka ɗora masa a hannu. Kawu ya zuba masa ido, ya daɗe, muna ta jiran abin da zai fito. Can ya ce masa a hankali, "To, ka ji. Kai dai ka riƙa yin sallama kafin ka shiga ƙasar mutane."

Bai rufe baki ba yaron ya tsula masa fitsari a farar rigar nan.

Kawu ya ɗaga shi sama, ya juya ga jama'a. "Kun gani? Kwana bakwai a duniya, ya fara mamaya!"

Daga ranar bai sake kiran Sani da sunansa ba. Filib. "Filib, ya iyali?" "Filib, miƙo min buta." Har abokan aikin Sani sai da suka ɗauka. Shi kuwa ƙaramin Iskandar, ba wanda Kawu yake ƙauna kamarsa. Duk hutu sai an kawo shi Lyon, ya hau kafaɗar Kawu yana ja masa kunne, Kawu yana cewa ai ya saba, Farisa ma haka aka yi mata.

Washegarin sunan, tunda muna Paris, na ce bari in kai shi babban gidan kayan tarihin nan, don na ji akwai gunkin kan Iskandar a ciki. Duk shekarun nan a takarda kawai ya san shi. Muka yi ta ratsa zaure bayan zaure har muka same shi, farin dutse a kan ginshiƙi, 'yan yawon buɗe ido suna ɗaukar hoto. Kawu ya gyara hula, ya matsa gaba, ya harɗe hannu a baya.

"Ina kwana," in ji shi. "Ina gajiya? To, madalla. Dama ina nemanka."

Na ce, "Kawu, don Allah..."

Ina! Ya riga ya fara. "Fadar Farisa da ka cinna wa wuta, me ta yi maka? Ka ci gari, an ba ka, sai ka ƙone abinka? Sojojinka da suka ce sun gaji a bakin kogin Indiya, ka shiga tanti kana fushi kamar an hana ka nono. Ba 'ya'yan mutane ba ne? Ga shi ka mutu ba ka bar wasiyyar kirki ba, yaranka sun yayyage ƙasar kamar naman layya."

Murya ta fara tashi, yatsa ya kusa taɓa hancin dutse. Sai ga mai gadi, wani dogon baƙar fata, da alama ɗan Afirka ta Yamma ne irinmu. Ya ce da Faransanci, "Mushe, akwai matsala ne?"

Kawu ya juyo cikin natsuwa. "Babu. Maganar gida ce."

Mai gadin ya dubi gunkin, ya dubi Kawu, ya sake duban gunkin. Sannan ya ce, "To, a sassauta masa, Baba. Ana kallo."

Na yi dariya har da hawaye. Amma da muka fito muka zauna a bakin kogi, sai Kawu ya zuba wa ruwa ido. Can ya ce, "Ashe da gaske yaro ne, Balkisa. Kin ga fuskarsa? Ko gemu babu."

Sai da ciwo ya kwantar da shi a asibiti na ji sauran maganar. Wata la'asar ce, na kai masa kunun gyaɗa, ya sha kaɗan ya ture. Yana kallon taga ya ce, "Kin san abin da ban yafe masa ba? Ba fadar ba ce, ba igiyar ba ce. Ya yi sallama da uwarsa ya fita yaƙi, ya fi shekara goma yana gaba yana gaba, tana can tana jira. Bai sake ganin ta ba." Sannan ya ce, "Ni ma baɗi na riƙa cewa. Baɗi in na gama karatu, baɗi in na samu takardu. Har aka bugo min waya."

Kakarmu yake nufi. Ban taɓa jin ya ambaci rasuwarta ba sai ranar. Na kama hannunsa. Sai kawai ya juyo, idon nan ya sake yin ƙyalli irin na ranar Asabar.

"Kuma ko gawarsa ba ta isa gida ba! An ɗauko ta daga Babila za a kai Makidoniya, wani janar ɗinsa ya tare hanya ya karkata da ita Masar. Yau ko kabarin ba a sani ba. To, ki saurare ni, ɗiyata. Ni Maradi za ku kai ni, kusa da tsohuwa. Kada ki bar wani janar ya karkatar da ni."

Da Allah ya karɓi abinsa, kun dai san yadda aka yi. Manya suka taru suka ce a yi masa sutura a nan Lyon, ya fi sauƙi, ƙasa duk ta Allah ce. Gaskiya suka faɗa. Sani ma, cikin kuka, ya fara gyaɗa kai. Ni da ban taɓa ɗaga murya a gaban manya ba, sai na ji bakina ya ce, "Filib, ashe kai ne janar ɗin?" Sai wani ya fashe da dariya, sannan kowa, ana dariya ana share hawaye. Sani da kansa ya yi ta zirga-zirgar takardu, shi ya raka shi har gida. Kuma ku duka kun tsaya mana, Allah ya saka muku da alheri.

Ranar addu'a ta faɗo Asabar. Mushe Yorgo ya rufe shago, ya zo da baƙar kwat, ya cire takalmi a bakin ƙofa ba wanda ya ce masa. Ya zauna a kan tabarma da ƙyar, gwiwoyi suna ƙara. Ya tambaye ni ko an isa lafiya. Na ce an isa, yana kwance kusa da mahaifiyarsa. Tsohon ya daɗe yana kallon hannuwansa, sannan ya ce, "To, a wannan dai ya fi Iskandar. Amma kada ki gaya masa na faɗa."

Allah ya jiƙan Kawu Lawali, ya yafe masa kurakuransa, ya haskaka kabarinsa. Allah ya sada shi da mahaifiyarsa a inda ba a sake rabuwa. Mu da muke nan muna ta cewa baɗi, Allah ya ba mu ikon ganin namu tun suna raye. Amin.