Ranar da Na Ƙunsa wa Malam Lalle

Bishiyar lalle ɗaya gare ni a Jidda, a cikin rabin duro, a saman benen da muke haya a unguwar Ammariyya. Reshe na roƙo a gidan wata Bayamaniya na kafa. Ruwan gida sai mota ta kawo, ba a zuba wa itace, don haka na tara bokiti ƙarƙashin mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki. Abin da ya ɗiga, shi take sha. Ta girma har ta fi ni tsayi. In ta yi furenta ƙanana farare, matan ƙasan bene sukan hawo shaƙar ƙamshi.

Ni a Sudan aka haife ni. A can lalle ba kwalliya ba ne kaɗai. Mai ciwon kai a shafa masa, mai ƙuna a barbaɗa masa, ango ma sai an ƙunsa masa hannu da ƙafa. Malam kuwa, mijina, Allah ya jiƙansa, Bakatsine ne. A wurinsa lalle na mata ne, shi ke nan.

Dako yake yi a tashar jiragen ruwa. Wuni guda ƙafarsa tana cikin takalmin roba, ga zafi, ga gumi. Ana nan, ana nan, tsakanin yatsunsa ya yi fari, ya jiƙe, ya tsage. Dugadugai suka yi faso. Ya karɓo man shafawa a asibiti. In ya shafa ya ji sauƙi, in ya koma takalmi gumi ya wanke. Har ya kasa takawa, ya kwanta.

Sai kafilinsa, ɗan ƙasar da ya tsaya masa yake aiki ƙarƙashinsa, ya aiko: ko ya dawo aiki, ko a sa wani. Iƙamarsa, takardar izinin zama, tana hannun mutumin nan, tawa da ta yara suna rataye da tasa. In aiki ya tafi, zamanmu a ƙasar ya tafi.

Na ce, "Malam, bari in ƙunsa maka lalle."

Ya ce, "Ke 'yar Sudan, ki kiyaye ni. Da gemuna?"

"Ba a gemun zan sa ba."

"To in je wurin alwala in tuɓe takalmi a gaban ƙarti, su ga me?"

Na ce, "Su ga mutum a tsaye. Ko ka fi so su raka ka jirgi da farar ƙafa?"

Ya juya fuska bango. Can ya miƙo ƙafar, bai dube ni ba.

Na hau sama na tsinko ganye, na daka a turmi, na kwaɓa da ruwa zalla. Ban matsa lemun tsami yadda ake wa amare ba, don kada ya yi masa raɗaɗi. Na cusa tsakanin yatsu, na shafe tafin, na naɗe da tsumma. Ya ce wani sanyi yana hawa masa har ka. Na yi, na sake, na kuma. Ruwan ciwon ya tsotse, fason ya haɗe. Amma ƙafa ta yi jajawur har idon sawu, farcen nan kamar na amarya.

Da zai koma aiki ya ce zai riƙa sallarsa shi kaɗai a bayan kaya. Na ce, "Jam'i za ka bari don kunyar mutane?" Ya sa takalminsa ya fita.

Abin da ya faru, daga bakinsa na ji. Azahar ta yi, ya zauna a layin famfo, ya yi bismilla ya zare takalmi. Akwai wani Bahaɗeje abokin wasansa, shi ya fara gani. Ya ɗaga murya: "Jama'a ku taho, an yi wa Bakatsine aure! Wane ne angon?" Yamanawa abokan aiki suka ɗauka da taya murna, "Mabruk, mabruk!" Har da mai guɗa.

Malam ya bari suka gama. Ya miƙe, ya buga ƙafar a siminti da ƙarfi, dama da hagu. Ya ce, "Amarya ce, amma tun safe ta fi ka sauke buhu. Kai ɗan Haɗeja, zare safarka mu ga taka." Bahaɗeje ya ƙi, don tasa ƙafar ta fi ta Malam ruɓewa, ɗingishi yake ɓoyewa. Dariya ta koma kansa.

Ba a jima ba matarsa ta hawo benenmu da leda, wai a taimaka mata da ganye, maigida yana ciwon kai. Na cika mata. Na ce, "Ƙanwata, ki cusa wa ciwon kan sosai tsakanin yatsu."

Kafili bai sa kowa a gurbin Malam ba. Ranar da aka sabunta iƙama, ina sama ina shanya na ji takunsa a matakala, da sauri, bai dafa bango ba. Ya iso yana haki, ya ce, "Hajiya, mun zauna." Na sauke kwandon na yi sujada nan inda nake. Kafin in ɗago ya tuɓe takalmi, ya zauna a tabarma, ya miƙe ƙafafu biyu. Ya ce, "Ya fara koɗewa. Ɗauko turmin."