Ruwan Talata

Shekara goma sha ɗaya na yi ina cin abinci da bikin mutane. Aikina a gidan talabijin shi ne in sa babbar riga in je inda ake ɗaurin aure, ko walimar buɗe sabon kanti, ko liyafar wanda aka ƙara wa girma, in tsaya gaban kyamara in jero manyan baƙi da muƙamansu ba tare da na tsallake ko Dakta ɗaya ba. Kuma na ƙware. Daga nesa nakan bambance sabuwar shadda da wadda ta sha bugu sau uku. Na san wace Hajiya ce ba a zaunar da ita kusa da wace. In na shiga kasuwa a dinga nuna ni da baki, ni kuma in yi kamar ban gani ba, alhali na rage sauri don kowa ya samu rabonsa.

Ƙauyenmu yana tsakanin Kura da Bunkure, a bakin wani ƙaramin kanal na ban ruwa, kuma can ba a ɗauke ni da wani nauyi ba. Suna ce mini na cikin akwati. Wanda ake ji da shi a gidanmu mahaifina ne, domin shi yake riƙe da makullin ƙofar ruwa ta yankinmu fiye da shekara ashirin. Tsarin ba shi da wuya. Masu gonaki a bakin kanal, irin mu, ranar Asabar suke ban ruwa. Waɗanda ke can ƙarshe, da ake kira 'yan wutsiya, ranarsu Talata. A ranar ake garƙame ƙofar da ke juyo ruwa ɓangarenmu, don ya wuce gaba ɗaya ya isa gare su da ƙarfinsa. Gonar Baba ce ta farko a bakin ƙofar, amma duk da haka shi suka damƙa wa makullin. In ya ce yau an rage ruwa daga sama, ba mai bin kanal ya je ya duba. Abin da ya mallaka ke nan a duniya, ban da gonar da keke ɗaya.

Wata shekara da rani shugabar sashenmu ta ce kowane mai gabatar da shiri ya yi fitowa ta musamman a kan tushensa. Wani abokin aiki ya ce ni ai ban san shinkafa ba sai wadda aka zubo a farantin biki. Zuciya ta ɗebe ni, na ce da fartanya a hannu aka haife ni. Gaskiyar magana, tun ina ɗan shekara tara Baba ya sallame ni daga gona, ranar da na tsuguna na cire masa fangali guda na irin albasa da sunan ciyawa. Ya ce in je makaranta, wataƙila can ɓarnata ba za ta kai haka ba.

Muka isa gida da hantsi ranar Talata, ni da mai ɗaukar hoto. Ban yi waya ba, don ina son a yi mamaki. Muka tarar Baba ya tafi Madobi ta'aziyyar wani amininsa, kuma zai zauna har a yi sadakar uku. Inna ta ba mu fura, muka wuce gona. Alkama ta yi kore shar, amma mai ɗaukar hoton ya leƙa kyamararsa ya taɓe baki. Ya ce hoton a mace yake, ina amfanin shirin noman rani da ba a ga ruwa yana gudu ba? Na dawo gida na tambayi Inna makullin, ta ce in bari babana ya dawo. Na ce to. A hanyar fita na ga makullin rataye a ƙusa cikin zaure, da jar igiyarsa ta fata, na zare na zura a aljihu. A raina na ce minti biyar ne. Ko tunanin wace rana ce a wurin manoma bai zo mini ba, domin a kalandata Juma'a, Asabar da Lahadi ne kawai ranaku, sauran duk jiran biki ne.

Na buɗe kwaɗon, na murɗa ƙarfen da ƙyar, ruwa ya kwararo cikin gonarmu yana sheƙi. Na naɗe ƙafar wando, na gyara hula, na fara da ambaton ranar, kamar yadda nake buɗe kowane shiri: “A yau Talata, masu kallonmu…” Karo na farko iska ta ɗauke hular. Na biyu na kira alkamar shinkafa. Na uku wani makiyayi ya ratso da shanunsa ta bayana, ya tsaya yana kallona kamar ya ga sabon hauka. Daga nan santsi ya kwashe ni, sai da muka jira rigar ta ɗan sha iska. Sau bakwai muka ɗauka. Kafin in ce na gamsu an kusa kiran azahar. Na rufe ƙofar, na mayar da makullin ƙusarsa, muka kama hanyar Kano ina ta yaba wa kaina.

Abin da ya faru a wutsiya sai daga baya na ji. Akwai wani sa'an Baba da muke kira Kawu, wanda gonarsa ce ta ƙarshe. Tun asuba ya tara ma'aikata suka dashe masa tumatir, da lissafin ruwa zai iso kafin rana ta yi zafi. Ruwan ya iso kamar fitsarin akuya. Kafin ya dawo da ƙarfinsa dashen ya kwanta, fiye da rabi bai sake tashi ba. Kawu ya kira Baba a waya. Baba ya ce makulli yana zaurensa, ba mai taɓa shi, lallai daga sama aka rage. Kawu ya ce shi ke nan, Allah ya sa haka ne mafi alheri. Wasu sun ga gonarmu a jiƙe washegari, amma suka haɗiye, don ba wanda bakinsa zai iya ɗaukar zargin Baba.

Ni kuwa ina birni ina buga wa duk wanda ke da waya a ƙauyen cewa kada ya kuskura shirin Juma'a ya wuce shi. Ban tsaya nan ba, na taho da kaina. Bayan la'asar aka fito da talabijin rumfar mai shayi, aka tayar da janareto. Baba, wanda dawowarsa ke nan daga Madobi ko gona bai leƙa ba, na sa aka ajiye masa kujera a gaba, Kawu a gefensa. Ni na tsaya ta gefe inda zan ga fuskokin jama'a sosai. Na daɗe ina jiran ranar da Baba zai gan ni ina aiki, kuma a gonarsa.

Da na bayyana aka yi sowa. Na ce “A yau Talata,” kyamara ta sauko kan hannuna, ga makulli da jar igiyarsa ya cika allon. Ƙofa ta ɗaga, ruwa ya kwararo. Mai ɗaukar hoton ya iya aikinsa, har da bin ruwan a hankali yana shiga fangali bayan fangali. Rumfar ta yi tsit. Ni da na saba da ɗakunan taro na ɗauka shirun burgewa ne, har na fara murmushi ina jiran tafi.

Kawu ne ya juyo, ba tare da ɗaga murya ba.

“Ɗana, wace Talatar?”

“Wadda ta wuce, Kawu,” na ce da fara'ata. “Sabon ɗauka ne.”

Ya gyaɗa kai ya mayar da idonsa ƙasa. Baba ya miƙe, ya karkaɗe rigarsa, ya fita. A allon ina nan ina bayanin yadda manomanmu ke raba ruwa cikin adalci, wanda na ce mun gada kaka da kakanni.

Mai shayin ne ya ja ni gefe ya warware mini zare da abawa. Na sha jin kunya a rayuwa. Na taɓa kiran uwargidan wani attajiri da sunan surukarsa kai tsaye a talabijin. Amma ban taɓa jin irin ta ranar ba. Ɗan kuka mai ja wa uwarsa jifa, ga ni nan da babbar riga da turare.

Washegari da safe Baba ya tara manoman a ƙofar gida. Bai ambaci sunana ba, dama ba ya ambata, ni ne ɗan fari. Ya ce ya faɗa wa Kawu abin da ba haka yake ba, ruwan 'yan wutsiya kuma a gonarsa ya kwana. Ya ajiye makullin a kan tabarma. Ya ce Asabar ɗinsa ta sauran ranin nan ya bar wa wutsiya. Aka yi ta ba shi baki, cewa kowa ya gani da idonsa ba shi ba ne, ya ce gida ɗaya ne.

Na same shi na ce zan fita a shirin mako mai zuwa in nemi gafara a gaban duk jihar, har na fara tsara kalmomin a kaina, kuma ba zan ɓoye ba, sun yi daɗi. Ya ce tumatir ba ya kallon talabijin.

Saboda haka na ɗauki hutu, na je Kadawa na samo irin tumatir, na ari tsohon wandon ƙanena na sauka gonar Kawu. Kwana uku ina dashe tare da ma'aikata. Suna yin layi biyar kafin in gama ɗaya, rabin nawa ma sai an bi an gyara. Bayana ya ƙage, tafin hannuna ya yi bororo, mata masu wucewa suna tambaya ko wannan ne na cikin akwati, ya aka yi ya fi kyau a can. Kawu ya yafe mini tun ranar farko, yana dariya yana cewa da ma haka nake da himma a gona tun ina yaro. Amma dashen ya makara. Tumatirinsa ya nuna lokacin da kowa ya kawo nasa kasuwa, ana roƙon masu mota su ɗauka. Alkamar Baba kuwa ƙishirwa ta cinye ta tun kafin ta cika ido.

Sau biyu manoman suna maido masa da makullin, na biyun Kawu ne da kansa ya kawo. Bai karɓa ba. Wani matashi aka ba, mutumin kirki, sai dai yanzu in ya ce an rage ruwa daga sama, sai ka ga mutum biyu sun hau babur sun bi kanal.

Da na sake zuwa gida lokacin girbi na tarar da Baba a bakin gonar, yana murza zangarniyar alkama a tafin hannu yana hurewa. Abin da ya rage a hannun bai fi a ƙirga ba. Na tsuguna na ce ya yafe mini. Ya ce ya yafe tun tuni, tsakanin ɗa da uba ba a ajiye irin wannan. Har na fara jin sanyi a raina, sai ya ce yana da tambaya ɗaya, don shi bai san aikinmu ba.

“An ce in ba ku gamsu ba kukan sake ɗauka. Sau nawa kuka yi?”

“Sau bakwai, Baba.”

“Sau bakwai,” ya maimaita, yana kakkaɓe hannunsa. “Kuma a ciki ba a samu ko ɗaya da ka tsaya ka tambayi ruwan wane ne ba.”

 Ya hau kekensa ya yi gaba, na biyo shi a ƙasa har gida.