Tokar Aradu

Kafin a kawo Rifkatu gidanmu, ni ce mai ɗanɗana miyar Kaka. A Kafanchan muke a lokacin, bayan layin dogo, ba a daɗe da gama yaƙin basasa ba, Babanmu yana aikin reluwe. Kullum in miyar karkashi ta kusa sauka, Kaka za ta tsoma ludayi ta ɗiga mini a tafin hannu, in lasa in ce toka ta ji ko da saura. Ruwan tokar da kanta take tace shi, daga karan accan da ta ƙona, a wata 'yar tukunya mai huji a gindi. Ba wata sarauta ba ce, amma tawa ce, ko yayyena ba su isa su miƙo hannu ba.

Sai ƙanwar Babanmu ta rasu a Godogodo, aka kawo mana 'yarta Rifkatu, sa'ata, siririya, ba ta magana. Ba a jima ba, wata yamma na miƙa hannu kamar kullum, ludayi ya tsallake ni ya sauka a tafin Rifkatu. Washegari ma haka. Kishi ya cika ni har wuya. Na daina zama kusa da ita a sujadar coci, tuwo kuma in ci ina kumbura baki.

Bayan an ci abinci muka kewaye sauran wutar murhu kamar yadda muka saba, Kaka ta gyara zama. Hausarta ta kasuwa da coci ce, ba ruwanta da mace ko namiji.

"Ku kawo kunne," in ji ta, "labari ya zo da ƙafansa."

Wai wata mata mai suna Ladi ta tsinci itacen da aradu ta ƙona, ta kwashi tokarsa ta tace. Ashe tokar nan, duk abin da mai girki ta riƙe a zuciya tana juya miya, da ta ɗanɗana sai duniya ta koma haka. Ta so ruwa, aka yi ruwa. Ta so awaki, ta wayi gari suna kuka a bayan ɗaki. Abu ɗaya ya hana ta barci: in ana biki, miyar maƙwabciyarta Kyauta ake yabo. Rannan ta juya miya tana cewa a ranta, da ma ba a taɓa haihuwar Kyauta ba. Ta lasa, ta ji daɗin da ba ta taɓa ji ba.

Da safe ta ɗauki kasko za ta ɗebo wuta, don zamanin ba ashana, kuma kullum a gidan Kyauta take ɗiba. Ta tarar da ciyawa a inda gidan yake. Ta tambayi mutane, ba wanda ya san sunan. Ta ce to bari ta sake girki ta dawo da ita, sai ta ga hannunta bai san ko kaɗa miya ba, domin Kyauta ce ta koya mata tun tana amarya.

"Har yau yana nan zaune," in ji Kaka, "toka cike da tukunya, murhu ba wuta. Labari ya koma gida."

Ni ban ji tausayin Ladi ba, wautarta kawai na gani. Na ce, "Kaka, ana samun irin tokar a nan?"

Ta dube ni ta gefen ido. "Ke Saratu, in na ba ki, wa za ki dafa?"

Kowa ya fashe da dariya, har Rifkatu, kuma ranar na fara jin dariyarta. Wannan ma ya ƙara mini haushi. Daminar nan duk aka yi tsawa sai in tambayi masu zuwa gona ko sun ga itacen da ya ƙone.

Sai da na girma Mama ta gaya mini cewa lokacin Rifkatu ta ƙi abinci, ɗigon nan na tafin hannu shi ne dabarar da Kaka ta buɗe mata baki da ita. Na gane, amma ganewa ba ta kashe kishi. Tsayuwar da Rifkatu ta yi a gindin murhu ta sa hannun Kaka ya koma nata, kuma da Kaka ta rasu ita aka bai wa tukunyar mai huji. Ni na yi karkashi ya fi a ƙirga, bai taɓa yin kama ba.

Yanzu Rifkatu tana Sabon Tasha da jikokinta. Duk na je, za ta ja ni kicin, ta ɗiga mini miya a tafin hannu. Ina lasawa sai in ji hayaƙin murhun nan da kukan jirgi, kamar Kaka tana bayana. Nan nake tuna Ladi. Da na sami tokar da na nema, da yau babu inda zan je a duniya in ji wannan ɗanɗano.

"Yaya, 'yar'uwa, toka ta ji?" takan tambaye ni.

Nakan ce da saura, don ta sake ɗiga mini.