Kwalbar Jar Miya a But ɗin Mota

Shekarar da na yi jar miyar nan, Babbar Sallah ta faɗo a tsakiyar zafin Riyad, irin zafin da in ka taɓa ƙofar mota sai ka janye hannu. Ina aikin girki a gidan wata likita Baturiya, a wani rukunin gidaje mai katanga da masu gadi. Ranar hutuna kuwa unguwar Ulaisha nake zuwa wajen Goggo, ƙanwar babana, wadda ta daɗe a garin har Larabci ya fara cin Hausarta.

A wajen Madam na koyi miyar. Duk ƙarshen shekara in bikinsu ya zo, sai ta fito da wasu 'ya'yan itace daga firiza, jajaye, girman magarya, tsaminsu ya fi na yakuwa. Kiranberi take ce musu. A dafa su da sukari da kayan ƙamshi, a ci da gasasshen talotalo. Farkon ɗanɗanawata na ɓata fuska, daga baya na kamu. Da za ta tafi ƙasarsu hutu ta kwashe firiza, ta ba ni ledoji biyu da suka rage.

A lokacin akwai wanda nake so. Ɗan Damagaram ne, dogo, mai sanyin murya, direba a gidan wani dattijon Balarabe a unguwar Al-Murabba. Manya sun yi magana, an sa rana bayan Sallah. Dattijon nan shi ne kafil ɗinsa, zamansa a ƙasar gaba ɗaya a hannunsa yake. In ya ce ya tafi, ya tafi kenan. Duk mun san da haka, ba ma dai zancensa.

Na taso da littattafan soyayya, irin waɗanda muke haya a kasuwa mu ɓoye a ƙarƙashin katifa. A cikinsu kowace budurwa tana da girkin da take sace zuciya da shi. Na ƙudurta nawa shi ne wannan, abin da babu 'yar Hausar da ta taɓa dafa masa. Har na gama ganin yadda zai lumshe ido in ya dangwala soyayyen naman layya a ciki.

Ranar Arfa na ɗora tukunya a ɗan kicin ɗin Goggo. Na zuba leda ɗaya, na sa sukari da ruwa kaɗan, da citta, da kanumfari, da sandar kirfa, da ɓawon lemo. Na jefa ɗan zoɓo don ta san ta zo gidan Hausawa. Da ta ɗau zafi sai 'ya'yan suka fara fashewa, tas, tas, ɗaya bayan ɗaya, jan ruwa yana fallatsa a bango. Ɗigo uku suka faɗa a farin hijabina.

Goggo ta leƙo tana riƙe da carbi.

"'Yar nan, yanka kike tun yau? Ba sai gobe ba?"

"Miya ce, Goggo."

"Miyar me?"

"Ta cin nama."

"Da sukari?" Ta tafa hannu. "La haula. Wanda ya ci wannan ya aure ki, to da gaske yake."

Ta ƙara duban tukunyar, dariyar ta ɗauke daga fuskarta. Ta ce ita dai ba ta son kalar. Ta ce in wanke hijabin kafin ya kama.

Azumi muke, ni da ita, don haka ba halin ɗanɗanawa. Madam kullum da cokali take tsayawa a kan tukunya. Ni ido da hanci kawai gare ni, kuma hancina ya ce tsamin ya yi yawa. Na sauke, ta huce, zuciyata ba ta kwanta ba. Sai na tuna yadda yake son dabino. Na ɓare guda-guda masu laushi, na murje su da hannu, na matse ɗanyen lemo a kai, na juye a ciki ban mayar wuta ba. Na cika babbar kwalba na murɗe murfin da ƙarfina. Saura na zuba a kwano na sa a firij, ɗan abin da ya rage a gindin tukunya kuma na kwashe a wata ƙaramar roba mai murfi, na ajiye a kan kanta na manta.

Bayan la'asar saurayin nawa ya zo da motar maigidansa, bai ko kashe ta ba. Na sauko da kwalbar naɗe cikin ɗankwalina.

"Yaya, ga goron Sallarka."

"Ƙanwata, me kika ƙulla mini haka kamar layar tsari?"

"In ka ci ka gaya mini. Ka sa ta a…"

Wayarsa ta yi ƙara. Na ga yadda ya miƙe tsaye kamar mai kiran yana gabansa. "Na'am, ya ammi. Hadir." Ya buɗe but, ya ɗaga shimfiɗar, ya cusa kwalbar kusa da safaya don kada jikokin gidan su gani. Ya ɗaga mini hannu ya ja mota. Na tsaya ina kallon jajayen fitilunta har suka sha kwana.

Ranar Sallah ya kira. Ya ce tun daga masallacin idi suka wuce gidan hutawar dattijon a bayan gari, can za su yi kwanakin Sallah, shi kuwa bai zauna ba, daga ɗauko wannan sai mayar da wancan.

"Ka ci?"

"Ban buɗe ba. Ina jin tsoron in cinye ta in rasa abin tunawa da ke."

Maganar ta yi mini daɗi har na kwanta rigingine a kan katifa ina maimaita ta. Ban tambaye shi inda kwalbar take ba.

Kwanakin Sallah suka shige, gidan Goggo cike da ƙaurin nama da baƙi. Ta firij ɗin mun ci da soyayyen nama, wasu suka yaba, wasu suka ce a ba su yaji. Wata safiya ina shara sai na ji Goggo tana kirana daga kicin, da wata murya da ban san ta da ita ba. Na same ta tsaye nesa da kanta. Ƙaramar robar nan ta kumbura, murfin ya yi tozo. Ta sa bakin wuƙa ta ɗaga shi. Ya yi fus, kumfa mai ruwan hoda ta taso tana motsi kamar mai rai. Warin ya cika kicin.

Na san warin. A unguwarmu ta gida akwai wani lungu da ake hana mu bi, in iska ta juyo shi take kawowa.

"Burkutu," in ji Goggo a hankali. Ta rufe taga, ta juye robar a magudana, ta sakar mata ruwa mai yawa. Sannan ta juyo. "Ina wadda kika ba yaron nan?"

A ƙasar nan ko yaro ya san abin da warin giya a motar direba yake jawowa.

Na kira shi. Ta yi ta ƙara ba a ɗauka ba. Na sake. Na aika saƙo: ka fitar da kwalbar nan ka zubar, yanzu. Saƙon ya shiga, ba a buɗe ba. Zuwa azahar wayar a kashe take.

Ranar ban iya cin komai ba. Duk motar da ta tsaya a ƙasa sai na leƙa. Goggo ta yi ta jan carbi, da faɗa ta yi mini da ya fi mini sauƙi. Na zauna ina tuno littattafaina, ina neman inda irin wannan ta taɓa samun wata, ban samu ba. A can maƙiya ne ke raba masoya, a gan su a san su.

Washegari abokin saurayin nawa ya zo, wani ɗan Maraɗi mai aikin gini. Bai yarda ya zauna ba. Daga bakin ƙofa ya ce kwalbar ta fashe ne suna hanyar dawowa gari, dattijon yana gaba, abokansa biyu na masallaci suna baya. Suka ji ƙara kamar taya ta yi bindiga. Kafin a tsaya warin ya riga ya shigo ta cikin sanyin motar. Aka buɗe but a gefen titi, ga jar kumfa ko'ina.

"Ya rantse musu miya ce," in ji shi. "Ɗaya daga cikin baƙin ya yi dariya. Hajiya, dariyar nan ce ta ɓata komai. An karɓe makulli da waya, yana ɗakinsa na bakin ƙofa. Babban ɗan gidan yana cewa a kira 'yan sanda."

Goggo ta tashi ta zura abaya. "Ɗauko ɗaya ledar. Da kayan ƙamshin. Da dabinon."

Muka hau tasi zuwa gidan dattijon. Ledar tana narkewa a cinyata, sanyinta yana ratsa zanena. Muka shiga ta ƙofar mata. Na ga ƙofar ɗakinsa a rufe, takalmansa a waje, an jera su.

Uwargidan tsohuwa ce mai lalle a tafin hannu. Goggo ta yi ta zuba Larabci, ina tsintar kaɗan. Matar ta saurara ba ta ce a zauna ba. Can ta nuna kicin da haɓa.

Na dafa a gabanta. Masu aikin gidan suka yi cirko-cirko. Da 'ya'yan suka fara fashewa matar ta ja baya. Na nuna mata yadda na murje dabino, yadda na matse lemo, yadda na murɗe murfi. Goggo ta ce, "Saima, ya ummi. Tana azumi, ba ta ɗanɗana ba." Matar ta karɓi cokali, ta hura, ta kai baki. Ta daɗe tana juya shi a harshe. Sai ta zuba kaɗan a ƙaramin faranti ta shige ciki da shi.

Muka jira a tsaye. Daga can ciki muryar namiji tana tashi tana sauka. Aka kira la'asar, aka idar, ba ta fito ba.

Da ta fito farantin yana hannunta, ba a taɓa shi ba. Ta yi wa Goggo magana ƙasa-ƙasa, ta dafa kafaɗata sau ɗaya ta juya.

A waje Goggo ta fassara mini. Ba za a kira 'yan sanda ba. Uwargida ta yarda, shi ma dattijon bai ce ƙarya muke yi ba. Amma ya ce an yi masa dariya a motarsa, a gaban mutanen da yake sahu ɗaya da su, kuma ba zai iya bin kowa gida yana bayanin miya ba. Za a yi wa saurayin nawa takardar fita daga ƙasar, wadda ba a dawowa.

"Ki gode wa Allah," in ji Goggo. "Da ƙafarsa zai hau jirgi."

Aka matso da ɗaurin auren. A falon Goggo aka yi, maza kaɗan, da goro da dabino a faranti, ba guɗa. Ni aikina da saura, ba halin in bi shi sai kwantiragina ya ƙare. Da mutane suka watse muka zauna a matakalar bene, akwatinsa a tsakaninmu. Ya rame. Na fara ba shi haƙuri ya ɗaga hannu.

"Amarya, bar wannan. Saurara da kyau, ba ki taɓa zuwa Damagaram ba. In kin sauka a tasha, kada ki yarda da masu cewa sun san ni. Ki hau kabu-kabu ki ce Birni. In kin ga manyan duwatsu a hannun dama ki sauka, ki tambayi gidan tela mai ƙofa shuɗiya. Inna tana zaure, ba ta gani sosai, sai kin yi sallama da ƙarfi. Maimaita in ji."

Na maimaita. Na ce hannun hagu.

"Dama," ya ce. "Sake."

Ɗan Maraɗin ya yi hon a ƙasa. Na sake daga farko.