Gorar da Na Hana a Taɓa

"Iya, ba a taɓawa!"

Haka na daka wa wata tsohuwa tsawa jiya a ɗakin baje kolinmu na Haɗejiya. Hana taɓawa ce dokar farko da aka koya mana a horon kula da kayan fasaha.

Abin da ta taɓa gorar masunta ce, irin wadda suke hawa a ruwa. Wani mai zane ya tsinto ta a Auyo bayan ambaliya, ni na rataye ta, har na haska mata fitila.

Tsohuwar ba ta janye hannunta ba. Ta ce, "Ɗan nan, igiyar wuyanta ni na tufka. Da ita maigidana ya shiga ruwa. Ko gawarsa ba mu gani ba."

Wallahi sai na ƙyale ta.

Gorar tana nan a rataye. Jama'a, ku faɗa mini, ta wace ce?