Inna Maimuna, Mai Riƙon 'Ya'yan Ma'aikata a Dangora

Tun kafin rana ta ɗaga, zauren Inna Maimuna ya cika da takalman mata. Malaman makaranta, ma'aikatan asibiti, masu zuwa aikatau gonakin albasa, kowacce ta sauke goyonta ta wuce da sauri. Gidajen renon birni sun fi ƙarfin albashinsu, a Dangora ma babu su. Ita kuwa Inna, abin da hannu ya kai shi take karɓa, wata rana tsabar masara ce.

Tana da wata ɗabi'a mai ban mamaki: ba ta ba kowa yaro sai wanda yaron ya miƙa wa hannu da kansa.

Wata Laraba wani baƙo ya sauka daga acaɓa, ya ce shi ne Abdussalami, mijin Lubna malamar asibiti, ya dawo daga Fatakwal, a ba shi ɗansa Ridwan. Inna ba ta taɓa ganinsa ba. Ta zaunar da yaron a tabarma. Ridwan ya dube shi, ya tsandara ihu, ya rarrafo ya cusa kai cikin zaninta.

"Malam, ka gani dai."

"Inna, ɗana ne fa! Yana jariri na tafi!"

"To ya manta ka. Zauna, uwarsa ta zo."

Ya ɗaga murya, maƙwabta suka fito. Wani ya ce ɓarawon yara ne, nan da nan samari suka kewaye shi da sanduna. Inna, duk da tsufa da ciwon gwiwa, ta fizgo shi cikin zaure, ta tokare ƙofa, yaro a bayanta.

"Wanda zai taɓa shi, ya fara da ni. Ban ba shi yaro ba, ku ma ba zan ba ku shi ba!"

Haka ta tsaya har Lubna ta iso a guje da fararen kayan aiki. Mijinta ne kuwa.

Inna, ke ce katangar 'ya'yan mutane. Yanzu gwiwa ta ce ki huta, iyaye mata kuma sai duban juna suke, don wasu sun fara maganar ajiye aiki. Allah Ya saka miki da alheri, mun gode.

Matan Dangora, na Kiru, na Ɗansoshiya, wacce ke da zaure da haƙuri ta shimfiɗa tabarma. Ranar Litinin akwai goyon da ba a san inda za a sauke shi ba.